Tambaya da Amsa: Aikin Tace Fim ɗin Dokumentari

Tambaya: Assalamu alaikum. Na saba tace bidiyon biki da manhajar Premiere Pro. Yanzu an kawo mini dogayen hirarraki, an ce in haɗa dokumentari na minti 30. Ta ina zan fara? Daga mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam. Malam, kada ka yanka komai tukuna. Fara kwafe duk abin da aka ɗauko a ma'ajiya biyu daban, don idan ɗaya ta lalace, dattijon da aka yi hira da shi ba lallai a sake samunsa ba. Sannan ka kalli hirarrakin daga farko har ƙarshe, kana rubuta abin da kowa ya faɗa da mintin da ya faɗe shi. A dokumentari, wato fim kan abin da ya faru da gaske, sau da yawa ba a zuwa da labari a rubuce, mai tacewa ne ke tono shi daga bakin mutane. Saboda haka a kan takarda za ka jera maganganun, ka ga wacce ta buɗe labarin, wacce ta kai shi gaba.

Haɗin farko zai yi tsawo sosai, kada ka damu. Rage shi sannu a hankali, ka rufe wuraren yanka da hoton kasuwa, gona ko hannun mai magana. Kiɗa da gyaran launi sai bayan darakta ya amince an daina taɓa hoto, in ba haka ba aikin banza za ka yi ta maimaitawa.

Abu ɗaya muke jan kunne a kai: kada ka ɗauko rabin magana ka liƙa da wata har mutum ya faɗi abin da bai nufa ba. Maganarsa amana ce a hannunka.

Tambaya: Me ya sa murya take gaba da baki idan hira ta yi nisa? Daga mai karatu a Maraɗi.

Amsa: Yawanci da waya aka ɗauka, ita kuwa yawan hotunan da take ɗauka a daƙiƙa yana hawa yana sauka. Sanya bidiyon a HandBrake, manhajar sauya tsarin bidiyo, ka tsayar da shi a hoto 25 cikin daƙiƙa, sautin kuma 48 kHz. Idan da rikoda daban ake naɗar murya, a tafa hannu sau ɗaya a gaban kyamara kafin a fara magana, don a samu wurin daidaita murya da hoto.

Tambaya: Ni ɗaliba ce, ina ake koyon sana'ar? Daga Kano.

Amsa: Malama, akwai Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa a Jos. Da yawa kuma a ƙarƙashin wani edita suka fara, suna jera fayil da daidaita murya. Manhajar tace bidiyo ta DaVinci Resolve tana da ta kyauta. Kafin ki karɓi aiki, a rubuta kuɗin, da sau nawa za a dawo miki da gyara, da cewa sunanki zai fito a ƙarshen fim.