Mita ta mutu, bil ya ninka: in garzaya kotu?

Tambaya: Assalamu alaikum Barista. Ina da shagon ɗinki a Tudun Wada, Kaduna. Wata huɗu ke nan mitata ta mutu, fuskarta ba ta nuna komai. Na faɗa wa yaron da ke kawo bil, sai kawai aka koma kawo mini bil na kintace, ninki uku na abin da na saba biya. Yanzu kuma sun ce za su yanke wuta. In kai su kotu ne?

Amsa: Wa alaikumus salam. Malam, ajiye maganar kotu tukuna. Gaskiya tana gefenka, amma daga bayaninka ba ka riƙe da takarda ko ɗaya, kuma a rigimar wuta takarda ce ke magana. Abin da ka faɗa wa mai kawo bil a bakin shago ya bi iska.

A ƙa'idar NERC, hukumar da ke kula da harkar lantarki a Najeriya, idan mita ta lalace ba da laifin mai gida ba, kamfanin rarraba wuta ne zai gyara ta ko ya sauya ta, ba tare da ya karɓi kuɗinka ba. Kafin a sauya kuma, ba a yarda ya ƙaƙaba maka duk adadin da ya ga dama ba: za a ɗauki abin da ka sha a wata ukun ƙarshe da mitar ke lafiya, a raba, a caje ka matsakaicinsa. To ka ga ninki uku ba shi da gurbi a nan. Ko wanda bai taɓa samun mita ba, tun 2020 hukumar ta ƙayyade iyakar abin da za a kintata masa.

Sai abin da ya fi kayar da mutane. Kada ka kira mai gyaran wuta na unguwa ya buɗe mitar nan, ko da zai rantse minti biyar zai yi. Akwai hatimi a jikinta. Da zarar ya ɓalle, zance ya juye daga "mita ta lalace" zuwa "an yi wa mita katsalandan", sai a bi ka da tara, kuma dokar lantarki ta 2023 ta ɗauki wannan laifi ne babba. Na ga masu gaskiya sun koma masu ba da haƙuri saboda sukundireba ɗaya.

Gobe ka rubuta wasiƙa zuwa sashen karɓar ƙorafi na kamfanin. Sa lambar mita, lambar asusunka, ranar da ta mutu, da hotonta. Haɗa kwafin tsofaffin bil da rasit. Ka tafi da kwafi biyu, a buga maka hatimi da kwanan wata a ɗaya ka dawo da ita gida. Daga wannan rana suna da kwanakin aiki 15. In sun yi shiru, ko amsarsu ba ta gamsar da kai ba, sai ofishin sauraron ƙorafi na NERC da ke nan Kaduna. Kyauta ne, ba sai da lauya ba, kuma ana kiran wakilin kamfanin ya zauna gabanka ya kawo hujja. Wanda bai gamsu da hukuncin wurin ba zai ɗaukaka ƙara zuwa hukumar a Abuja. Kotu a bayan waɗannan take. In ka tsallake su, abu na farko da lauyan kamfanin zai faɗa wa alƙali shi ne ba ka bi mataki ba, kuma sau da yawa a kan haka ake korar ƙara, kuɗin lauya sun tafi, bil yana nan yana hauhawa.

Idan suka ce kai ka ƙona mitar, nemi a gwada ta. Hukumar NEMSA ce ke gwajin mita, kuma mun yi sa'a tana da tashar gwaji a Kaduna. Rahotonta ya fi rantsuwa goma nauyi. Ga masu karatu da tasu mitar ba mutuwa ta yi ba, gudu take: ku kashe komai na gidan, har firji, ku tsaya ku kalli ƙaramar jar fitilar da ke ƙiftawa. In ta ci gaba da ƙiftawa, mitar na lissafin wuta ke nan, ku ɗauki bidiyo. Sai dai wani lokacin ba mitar ba ce, wayar gidan ce ke yoyo, ko maƙwabci ya jona ta bayan katanga.

Batun yanke wuta kuwa, kada fushi ya sa ka daina biya gaba ɗaya. Ka riƙa biyan daidai bil na ƙarshe da ba ku yi jayayya a kansa ba, kowane wata, ta banki ko a ofis, ba a hannun kowa ba. Muddin ƙorafinka yana gabansu a rubuce kuma kana biyan wannan, bai halatta a yanke ka a kan kuɗin da ake taƙaddama ba. Ka liƙa kwafin wasiƙar mai hatimi a bango kusa da mitar, don ranar da masu tsani za su zo kana masallaci, yaran shago su nuna musu.