Su ma 'yan Filifin suna da sarakunan gargajiya kuwa?

Tambaya: Malam barka da aiki. A Jidda nake aiki tare da wani ɗan Filifin, ran nan muna hira ya ce wai kakansa "datu" ne, na ce kamar sarki ke nan? Sai ya yi dariya ya ce ba haka ba ne. To don Allah yaya sarautarsu take?

Amsa: Yauwa ɗan'uwa, abokin naka da gaskiyarsa. Ƙasar Filifin tsibirai ce sama da 7,000, ba a taɓa samun sarki ɗaya da ya haɗe su ba kafin Turawan Sifen su kafa mulki a 1565. Datu ya fi kusa da dagaci, shi ke riƙe da "barangay", wato gidaje kamar 30 zuwa 100, kuma sunan daga wani jirgin ruwa ne da ake ce wa balangay. Lapu-Lapu da mutanensa suka kashe Magellan, Baturen da ya jagoranci jiragen ruwan Sifen, a tsibirin Mactan a 1521 datu ne. Da Turawan suka zo sai suka mai da datun masu karɓar musu haraji, kai ka san irin wannan labarin ai.

Sarauta irin wadda kake nufi tana kudu wajen Musulmi, masarautar Sulu ta ƙabilar Tausug tun ƙarni na 15, da ta Maguindanao a tsibirin Mindanao wadda Sultan Kudarat ya yi suna a kanta a ƙarni na 17. Amma a Mindanao ɗin ma akwai ƙabilun da ake kira Lumad, su Manobo, T'boli, Teduray, ba su bi sultan a addini ba, Teduray ma nasu shugaban timuay suke ce masa.

Ni inda ya fi burge ni shi ne duwatsun arewacin tsibirin Luzon wajen ƙabilun Igorot, su Bontoc, Ifugao da Kalinga, don can wasu ba su da sarki sam. Bontoc dattawa ne ke zama a "ato", wani dandali da aka jera duwatsu, nan ake yanke shari'a da ranar shuka. Ifugao kuwa in rigima ta tashi tsakanin dangi biyu sai a nemo monkalun, ɗan tsakani, ya yi ta zirga-zirga gida zuwa gida har a daidaita kan tara, ba shi da dogari ba shi da kurkuku, bakinsa da mutuncinsa kawai.

Sai Kalinga da "bodong" ɗinsu, yarjejeniyar zaman lafiya tsakanin ƙauyuka biyu. Ana fara ta da musayar abu kamar mashi ko adda, kowane ɓangare ya fitar da mutum ɗaya da zai riƙe alkawarin, a shimfiɗa dokokin da suke kira pagta. In baƙo daga ɗaya ƙauyen ya shigo ƙasarku to amanar wannan mutumin ne, in wani ya taɓa shi ko da ɗan'uwan mai riƙon ne mai riƙon ne zai hukunta shi, abin ba wasa ba ne wallahi. Manyansu ana ce musu pangat, kuma ba gado ake yi ba, sai mutane sun ga iya maganarka da adalcinka.

Da gwamnatin shugaban ƙasa Ferdinand Marcos ta tashi gina madatsun ruwa a kogin Chico da za su shanye gonakin shinkafa da kaburburan kakanni, da bodong ɗin nan aka haɗa kan Kalinga da Bontoc. Wani pangat mai suna Macli-ing Dulag ne ya tsaya a gaba, sojoji suka harbe shi a gidansa ran 24 ga Afrilu 1980, daga baya aikin ya watse.

A 1997 aka yi dokar da ta amince da filayen gado da shari'ar gargajiya ta waɗannan ƙabilu, sai dai har yau ana ta rikici da kamfanonin haƙar ma'adinai kan wa ke da ikon sa hannu a madadin ƙabila. Ka tambayi abokin naka daga wane tsibiri ya fito, in ya ce Mindanao to ka ƙara tambayarsa Musulmi ne ko Lumad, don datun ba iri ɗaya ba ne.