Yukren tana da kujera a Majalisar Ɗinkin Duniya tun 1945, to wane 'yanci kuma ta samu a 1991?

Assalamu alaikum. Ɗan'uwa, tun shekaranjiya na ga tambayarka, na yi ta jira ko lauyoyin cikinmu za su tanka, da na ji shiru na ce bari in sa baki. Ka ce ka karanta cewa Yukren tana cikin ƙasashen da suka kafa Majalisar Ɗinkin Duniya a 1945, kuma tsarin mulkin Tarayyar Sobiyet ya ba ta damar ficewa duk ranar da ta ga dama, to wa ya riƙe ta har 1991? Abu biyun nan da ka karanta duk gaskiya ne. Ni likita ne ba lauya ba, amma shekara bakwai na yi a Harkof, wadda yanzu ake kira Kharkiv, daga 1985 zuwa 1992, kuma wancan tsarin mulkin sai da na haddace shi na ci jarrabawa a kansa. A can ko karatun cire haƙori ka je yi, darasin aƙidar gurguzu ba ya tsallake ka.

Tambayar taka ma na taɓa yin ta da bakina. Muna aji, malamin ya karanto mana sashe na 72 na tsarin mulkin 1977, wanda ya ce kowace jamhuriya tana da ikon fita daga tarayya. Na ɗaga hannu na ce to ta yaya ake fitar, wa ake kai wa takarda? Ajin ya yi tsit. Mutumin kirki ne, bai tsawata mini ba. Ya yi murmushi ya kawo misalin da Lenin ya yi tun kafin juyin juya hali, cewa halatta saki ba ya nufin kowane aure sai ya mutu, kuma matar da take jin daɗin gidanta me zai kai ta neman saki? Bayan an tashi, abokin ɗakina, ɗan wani ƙauye ne a yankin Poltava, ya ja ni gefe ya ce ni baƙo ne, iyakarta a sa ni a jirgi a mayar da ni gida, amma don Allah in daina irin wannan tambayar yana zaune kusa da ni.

Amsar da malamin ya kauce mata ita ce babu hanyar. An rubuta haƙƙin a tsarin mulkin tarayya na 1924, aka maimaita a na 1936, aka sake maimaitawa a na 1977, amma dokar da za ta fayyace yadda za a yi ba ta fito ba sai Afrilun 1990, bayan Lituweniya ta riga ta ce ta tafi. Ita ma da ta fito, sai ta ce sai kashi biyu cikin uku na masu zaɓe sun yarda, sannan a jira har shekara biyar. An ce wa mace sakinki yana hannunki, amma an kulle ƙofar zaure an tafi da makulli.

Makullin yana sashe na 6, wanda ya ce Jam'iyyar Kwaminis ita ce jagorar al'umma kuma cibiyar duk tsarin siyasa. Nan ne masu karanta tarihin daga nesa suke ɓata. Ƙasar ce tarayya, jam'iyyar ba tarayya ba ce. Yukren tana da majalisarta, da ministocinta, da kotun ƙolinta, da tutarta, da tsarin mulkinta har guda huɗu, na 1919 da 1929 da 1937 da 1978. Amma duk wanda ke kan waɗannan kujeru jam'iyya ce ta ɗora shi, jam'iyyar Yukren kuwa reshe ce kawai, ita kanta a Mosko aka kafa ta a 1918. Bayan shekarun 1920, sai a 1953 aka ga ɗan ƙabilar Yukren ya zama shugabanta. Majalisa takan zauna 'yan kwanaki a shekara, a ɗaga hannu gaba ɗaya, a watse. Na ga zaɓen ƙananan majalisu na 1987 da idona: suna ɗaya ne a takardar, ka karɓa ka jefa, kiɗa yana tashi, a gefe ana sayar da tsiran alade da alewa da ba ka samu a kanti. Shiga bayan labule ma abin zargi ne, don ba abin da zai kai ka can sai soke sunan.

Me ya sa aka rubuta haƙƙin tun farko? Saboda Yukren ba kyauta ta zo hannun Bolshebik, wato 'yan gurguzun Lenin, ba. Bayan faɗuwar sarkin Rasha a 1917, majalisar da ake kira Rada a Kiyef, ƙarƙashin masanin tarihi Hrushevsky, ta ayyana 'yancin kai a Janairun 1918. Su kuwa Bolshebik sun kafa tasu gwamnatin a Harkof, aka yi ta ɗauki ba daɗi har wajen 1921. Da suka ci yaƙin, Stalin ya so a haɗiye Yukren cikin Rasha a ba ta ɗan ikon cikin gida. Lenin ya ƙi, ya ce a yi tarayyar jamhuriyoyi masu daraja ɗaya, ko da a takarda ne, don ya ga irin jinin da aka zubar. Haka aka sa hannu ranar 30 ga Disamba 1922, Rasha da Yukren da Belarus da tarayyar Kaukasus. Harkof ce ta zama babban birni har 1934, kuma ginin Derzhprom da aka gama a 1928 don ofisoshin gwamnati yana nan a babban dandali, kusan kullum muna wuce shi.

Shekarun 1920 ba duka ƙarya ba ne, wannan sai an faɗa. Daga 1923 aka buɗe makarantu da jaridu da harshen Yukren, aka tilasta wa ma'aikata su koye shi, aka daidaita ƙa'idar rubutu a Harkof a 1928. Mykola Skrypnyk, tsohon Bolshebik da ke riƙe da ilimi, da gaske yake yi. Sai dai abin da jam'iyya ta bayar, jam'iyya ce ke karɓewa.

Yadda na fara sanin abin da ya biyo baya, ba a littafi ba ne. A 1988 muka fara shiga ɗakin marasa lafiya muna koyon ɗaukar tarihin ciwo. Aka ba ni wata tsohuwa 'yar ƙauye. Da ƙyar muke fahimtar juna, don Rashanci aka koya mini, ita kuwa harshen Yukren take yi, wanda a cikin Harkof na lokacin ba kasafai ka ji shi ba sai a kasuwa. Na tambaye ta 'yan'uwanta nawa, me ya kashe su, kamar yadda takardar ta ce a tambaya. Ta ƙirga da yatsu, sannan ta ce "talatin da uku". Na ɗauka shekarunsu take nufi. Nas ɗin da ke wurin ta ce in rubuta "ba a sani ba" in wuce. Da dare abokin ɗakina ya warware mini: shekarar 1933 take nufi. Ya ce kakarsa har gobe ba ta bari a share ɓurɓushin burodi daga tebur, sai ta tattara a tafin hannu ta cinye.

An tara manoma da ƙarfi cikin gandun gwamnati da ake kira kolhoz, aka ɗora musu awon hatsin da ba za su iya cikawa ba. Dokar 7 ga Agusta 1932 ta sa tsintar zangarniya a gonar gandu ta zama satar dukiyar ƙasa, hukuncinta harbi ko shekara goma. Ƙauyen da ya kasa cika awo a rubuta sunansa a baƙin allo, a hana kai masa ko gishiri da ashana. A Janairun 1933 aka ba da umarnin hana manoman Yukren da na yankin Kuban a kudancin Rasha fita neman abinci. Masana ƙidaya suna sa waɗanda suka mutu a Yukren kusa da miliyan huɗu. Kazakistan da wasu yankunan Rasha su ma sun sha yunwar, amma a Yukren an haɗa ta da farautar masu ilimi da rufe babin raya harshe. A shekarar ce marubuci Khvylovy ya harbe kansa a watan Mayu, Skrypnyk ya bi shi a Yuli, duka a Harkof. Har harafi guda aka cire daga abacadar harshen, bai dawo ba sai 1990. Duk wannan ana yi tsarin mulkin 1929 yana nan daram, babu sashen da aka dakatar. Na 1937 ma da ya zo da alkawarin 'yancin magana da na taro, kafin shekarar ta ƙare shugaban gwamnatin Yukren, Panas Lyubchenko, ya harbe kansa da ya ga an zo kansa. Shugaban jam'iyyar Yukren na zamaninmu, Shcherbytsky, sai a Disambar 1987 ya fara furta cewa an yi yunwa.

Zancen kujerar Majalisar Ɗinkin Duniya kuwa gajere ne. A Fabrairun 1944 aka gyara tsarin mulki aka ba jamhuriyoyi ma'aikatar harkokin waje, don Stalin yana neman kujera goma sha shida a sabuwar majalisar. A taron Yalta na shugabannin Sobiyet da Amurka da Birtaniya aka daidaita a kan uku, ta tarayya da ta Yukren da ta Belarus. Dmytro Manuilsky ya jagoranci tawagar Yukren a taron kafa majalisar a San Faransisko, kuma ƙasar ta zauna a Kwamitin Sulhu a 1948 zuwa 1949, da 1984 zuwa 1985. Amma ba ta da ofishin jakadanci a babban birnin kowace ƙasa, hannunta kuwa inda na Mosko ya tashi nan yake tashi.

Akwai wanda ya ɗauki takardar da gaske, kuma labarinsa ne ya fi tsaya mini a rai. Levko Lukianenko lauya ne da ya yi karatu a Jami'ar Mosko, ɗan jam'iyya ma. Shi da wasu abokansa a yankin Lviv suka ce tunda tsarin mulki ya halatta ficewa, bari su nemi hakan cikin lumana. A 1961 aka yanke masa hukuncin harbi bisa cin amanar ƙasa, ya yi fiye da wata biyu yana jiran ranar, sannan aka mayar da shi shekara 15. Da ya fito ya shiga ƙungiyar Helsinki ta masu kare haƙƙi da aka kafa a 1976, aka sake kama shi. Tsakanin kurkuku da gudun hijira na dole ya haura shekara 25. Mawaƙi Vasyl Stus bai tsira ba, ya mutu a sansanin Perm a Satumbar 1985, daidai lokacin da muke sauka daga jirgi muna koyon gaisuwa da Rashanci. Ba mu san ana yi ba.

Kada kuma ka ɗauka 'yan Yukren duka waɗanda aka zalunta ne. Da yawansu sun yi mulkin, Brezhnev kansa, shugaban Tarayyar Sobiyet, a yankin Dnipropetrovsk aka haife shi, ya kuma cika Mosko da mutanensa. Iyakokin ƙasar ma a zamanin ne suka haɗu: yammaci a 1939, arewacin Bukovina a 1940, Transkarpatiya a 1945, Kirimiya a 1954, shekara goma bayan an kwashe Musulmin Tatar daga can a cikin jiragen ƙasa zuwa tsakiyar Asiya. Petro Shelest, shugaban jam'iyyar Yukren da ya ɗan nuna kishin ƙasa, aka tuɓe shi a 1972.

Abin da ya fasa kwan a idona shi ne Chernobyl. Tukunyar nukiliyar wannan tashar lantarki ta fashe ranar 26 ga Afrilu 1986, kwana biyar bayan haka aka fito da yara faretin ranar ma'aikata a Kiyef. Mutanen da ba ruwansu da siyasa suka fara tambayar wa ke yanke hukunci a kan rayuwarsu. Daga nan abubuwa suka yi ta gudu. A 1989 masu haƙar kwal a Donbas suka yi yajin aiki, aka kafa ƙungiyar masu neman sauyi ta Rukh, Shcherbytsky ya sauka, aka mai da harshen Yukren harshen hukuma. A Maris 1990 aka yi zaɓe mai 'yan takara da yawa, Lukianenko ya shiga majalisa. A watan ne kuma Mosko ta soke ikon da sashe na 6 ya keɓe wa jam'iyya.

Da makullin ya faɗi, sai duk kayan adon nan suka fara aiki. Majalisar da ta saba ɗaga hannu ita ce ta ayyana ikon ƙasa ranar 16 ga Yuli 1990, alhali 'yan kwaminis ne ke da rinjaye a cikinta. Da juyin mulkin Mosko ya ci tura a Agustan 1991, ita ce dai ta ayyana 'yanci ranar 24 ga wata, da ƙuri'a 346. Lukianenko ne ya rubuta daftarin, ranar kuma ta dace da ranar haihuwarsa. 'Yan kwaminis ɗin ba tuba suka yi ba, Yeltsin shugaban Rasha suke gudu, sun ga yadda ya sa jam'iyya a gaba a Rasha. Shi ya sa Leonid Kravchuk, wanda aikinsa a jam'iyya kula da aƙida ne, ya zama shugaban ƙasa na farko.

Ranar 1 ga Disamba, da aka yi ƙuri'ar raba gardama kan 'yancin, na raka abokin ɗakina rumfar zaɓe, wannan karon ya shiga bayan labule. Sama da kashi 90 suka ce e. A yankin Harkof, inda da yawa Rashanci suke yi, an samu wajen kashi 86, a Kirimiya kashi 54. Ba a bi ta dokar ficewa ta 1990 ba ma, mako ɗaya bayan zaɓen shugabannin Rasha da Yukren da Belarus suka haɗu a dajin Belovezha suka ce tarayyar ta ƙare. Yukren ba ta nemi shiga Majalisar Ɗinkin Duniya ba, suna kawai aka sauya a gaban kujerar. Tsarin mulkin 1978, da faci a ko'ina, shi ta ci gaba da amfani da shi har 28 ga Yuni 1996.

Malamin nan namu na gamu da shi a bakin sashensu kafin in taho. An cire tsohon allon ƙofa an sa na kimiyyar siyasa, shi ne dai a ciki. Ya gane ni, ya ce kai ne mai tambayar takarda ko? Muka yi dariya. Takardar shaidar da aka ba ni a bazarar 1992 kuwa tsohon bugu ce, guduma da lauje ne a jikinta, don ba a kai ga buga sababbi ba.