Makulli ya shiga, amma kana da lasisi kuwa?

Alhaji barka da war haka, na ga saƙonka. Ka ce kana da kemis mai rassa uku, yaron da ya haɗa maku manhajar lissafin magani shi ya ɗora SQL Server, manhajar Microsoft ta rumbun adana bayanai, a babbar kwamfutar, ka ba shi kuɗin lasisi ya sa makulli, wato lambar buɗe manhajar, ya shiga, shekara biyu kenan ba rasit ba takarda, yanzu hankalinka ya ƙi kwanciya.

Ka yi gaskiya da ka damu. Shigar makulli ba ita ce lasisi ba, SQL Server ma ba ya jira Microsoft ta tantance makullin irin yadda Windows ke yi, ko a intanet aka tsinto shi zai karɓa. Hujjarka ita ce takardar sayayya daga dillalin da Microsoft ta amince da shi, da sunan kamfaninka a jiki. Dokar Haƙƙin Mallaka ta Najeriya ta 2022 tana kare manhajar kwamfuta kamar yadda take kare littafi, mai kaya yana iya zuwa Babbar Kotun Tarayya ya nemi diyya da umarnin a dakatar da kai, kuma kwamfutar taka ce, cinikinka ke tafiya a kanta, don haka "ai yaro ne ya sa" ba zai wanke ka tas ba. Rashin sani yana iya rage nauyi, amma fa daga yau ka sani.

Kafin komai a kwafe bayanan duka a ajiye gefe. Sannan ka sa wani ƙwararre, ba shi yaron ba, ya rubuta umarnin SELECT @@VERSION a cikin SQL Server ɗin, layin da zai fito zai faɗi irin wanda aka ɗora. In ka ga Express to alhamdulillahi, kyauta ne har a kasuwanci, sai dai a na 2019 da 2022 kowane rumbu ba ya wuce 10GB, kuma kenan kuɗin banza ka biya. In Developer ne akwai gyara, shi ma kyauta ne amma na gwaji da rubuta manhaja, ba a yarda a yi ciniki da shi ba, nan mutane da yawa ke faɗawa. In kuwa Standard ko Enterprise ne ba takarda, ko ka sayi na gaskiya, ko a sauke a koma Express in bayananka za su shiga, ko PostgreSQL, wata manhajar rumbun bayanai ta daban, in manhajarku za ta ɗauka.

Shi kuma yaron kar ka kai shi ofishin 'yan sanda tukuna. Ka adana shaidar tiransifa da hirarku ta WhatsApp, lauyanka ya rubuta masa ya kawo takardar lasisi cikin kwana 14 ko ya dawo da kuɗinka. Ni dai shawarata ka fara karɓe kalmar sirrin rumbun daga hannunsa kafin wasiƙar ta isa, akwai sunaye da lambobin kwastomominka a ciki, kuma Dokar Kare Bayanai ta 2023 kai za ta tambaya in suka fita.