Tambaya da Amsa: Tantance Muƙala a Kan Kundin Waƙoƙin Marvin Gaye

TAMBAYA: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗalibi ne a Zariya, kuma ina cikin masu gyara Wikipedia ta Hausa. Na rubuta muƙala a kan kundin waƙoƙin Marvin Gaye, mawaƙin Amurka, mai suna What's Going On, sai wani edita ya bi ta ya cire jimloli uku: inda na ce mai kamfanin faifai na Motown ya ƙi fitar da waƙar da aka sa wa kundin sunanta don yana ganin bai taɓa jin wadda ta kai ta muni ba, da inda na ce shi ne kundin da ya fi kowane kyau a tarihi, da kuma inda na kawo adadin faifan da aka sayar. Duk abubuwan nan na karanta su a wurare da yawa. Shin ya yi mini adalci?

AMSA: Wa'alaikumus salam, ɗan'uwa. A ganina editan nan ya yi maka alheri, ko da yake da ya gyara jimlolin maimakon ya cire su gaba ɗaya da aikinsa ya fi cika. Jimlolinka uku ba irinsu ɗaya ba, domin ta farko ruwaya ce da ake saɓani a kanta, ta biyu ra'ayi ne, ta uku kuma adadi ne da ke neman shaida, kuma kowacce da yadda ake rubuta ta a kundin sani.

Bari mu fara ajiye abin da babu gardama a kansa. Kundin ya fito ranar 21 ga Mayu, 1971, a ƙarƙashin Tamla, wani reshe na kamfanin Motown da a lokacin yake Detroit a Amurka, kuma waƙoƙi tara ne a cikinsa. Waƙar da aka sa wa kundin sunanta ta riga shi fitowa a ƙaramin faifai cikin Janairun shekarar. Mutum uku ne aka rubuta a matsayin marubutanta: Renaldo Benson na ƙungiyar Four Tops, da Al Cleveland, da Marvin Gaye kansa. Irin waɗannan bayanai suna nan a jikin faifan da kuma jaridun lokacin, saboda haka ana rubuta su kai tsaye, a liƙa musu madogara, a wuce.

Labarin Berry Gordy, wanda ya kafa Motown, shi ne ke buƙatar taka-tsantsan. Gaskiya ne an daɗe ana ba da labarin cewa ya ƙyamaci waƙar, cewa Gaye ya yi rantsuwa ba zai sake yi wa kamfanin waƙa ba sai an fitar da ita, kuma a ƙarshe an fitar da ita ba da sanin Gordy ba. Sai dai Gordy, wanda aka haifa a 1929, ya yi tsawon ran da ya ba shi damar mayar da martani, kuma a wata hira da jaridar Wall Street Journal a 2011 ya musanta cewa ya tare wa waƙar hanya. Abin da ya amsa shi ne ya ji tsoron kada waƙar adawa ta ɓata wa Gaye kasuwa, tun da a matsayin mawaƙin soyayya jama'a suka san shi. Kada ka manta kuma Gordy ƙanen matar Gaye ne, Anna, don haka maganar ta haɗa kasuwanci da zumunta, kuma kowane ɓangare yana da dalilin tuna abin yadda ya fi masa daɗi. Gaye ya rasu ranar 1 ga Afrilu, 1984, ba ya nan balle a sake tambayarsa. A irin wannan hali aikinka ba yanke hukunci ba ne. Ka rubuta cewa marubuta tarihin Gaye sun ruwaito kaza, ka ambaci littafin da shafin, sannan ka biyo da cewa Gordy ya musanta a shekara kaza. Mai karatu zai ga ɓangarorin biyu, ya san wane ne ya faɗi wace magana.

Ka ce ka karanta labarin a wurare da yawa, kuma a nan ne masu sabon hannu suka fi zamewa. Shafuka goma da suka kwafi juna majiya ɗaya ce, wani lokaci ma idan ka bi sawu za ka tarar daga Wikipedia ɗin kanta suka ɗauko, ka ga an yi zagaye an dawo inda aka fara. Abin da ake nema shi ne ka bi maganar har zuwa bakin wanda ya fara faɗinta, kamar yadda masu ruwaya ke bin sarƙar waɗanda suka ji daga juna, sannan ka tambayi kanka ko mutumin nan ganau ne ko jiyau, kuma shekara nawa bayan faruwar abin ya ba da labari. Littafin David Ritz a kan rayuwar Gaye, wanda ya fito a 1985, an gina shi ne bisa hirarrakin da marubucin ya yi da mawaƙin, saboda haka majiya ce mai ƙarfi wajen sanin abin da Gaye ya ce, amma hakan bai mayar da duk abin da Gaye ya tuna tabbatacce ba.

Jimlarka ta biyu gyaranta ba wuya. Ni kaina ina ganin kundin nan yana cikin mafi kyawun abin da kiɗan baƙaƙen fatar Amurka ya haifar, amma kundin sani ba ya yabo da bakinsa. Abin da za ka iya rubutawa shi ne mujallar Rolling Stone ta sa shi na ɗaya a jerin kundaye 500 da ta fitar a 2020, alhali a jerinta na 2003 na shida ta sa shi. Kawo shekarun biyu ya fi amfani, domin yana nuna wa mai karatu cewa faifan bai canza ba, masu zaɓen ne da ma'auninsu suka canza.

Batun adadin ciniki kuwa, editan yana da hujja mai ƙarfi. A shekarun da kundin ya fito, Motown ba ta buɗe littattafan cinikinta ga ƙungiyar RIAA da ke tantance sayar da faifai a Amurka ba, don haka alƙaluman da ke yawo na wancan zamani ko dai daga bakin kamfanin suka fito ko kuma ƙiyasin marubuta ne. Idan za ka kawo adadi, ka faɗi wanda ya bayar da shi. Abin da ya fi sauƙin tabbatarwa shi ne matsayi a jadawalin mujallar Billboard, kuma ko a nan sai ka bambance. Waƙar ta kai ta ɗaya a jadawalin waƙoƙin soul, wani salon kiɗan baƙaƙen fatar Amurka, amma ta biyu ta tsaya a babban jadawalin Hot 100, shi kuma kundin ya kai na shida a babban jadawalin kundaye. Wanda ya rubuta cewa waƙar ta zo ta ɗaya a Amurka bai ambaci jadawalin ba ya faɗi rabin gaskiya. Shawarata ita ce ka je shafin tattaunawa na muƙalar, ka gode wa editan, ka ajiye sababbin jimlolin tare da madogararsu, ka nemi ya duba kafin ka mayar da su. Kada ka shiga ja-in-ja na kai ka mayar shi ya cire.

TAMBAYA: Malam, ina gaisuwa daga Maraɗi. An roƙe ni in yi bitar wata muƙala a kan wannan kundi kafin a gabatar da ita cikin zaɓaɓɓu, amma ni ba masaniyar kiɗa ba ce. Ta ina zan fara?

AMSA: Malama, rashin sanin kiɗa ba zai hana ki ba, wataƙila ma ya taimaka, domin duk inda kika kasa ganewa to mai karatu ma zai kasa. Babban aikin mai bita shi ne ya buɗe madogara da kansa. Ki ɗauki jimla, ki danna lambar da ke ƙarshenta, ki karanta wurin da aka nuna, ki ga ko abin da marubucin ya ce yana nan. Sau da yawa za ki tarar madogarar ta tabbatar da rabin jimlar ne kawai, sauran rabin marubucin ya ƙara daga kansa ba tare da ya lura ba.

Ki fi sa ido a kan jerin makaɗa, domin nan kuskure ya fi ɓuya. Mutane da yawa suna danganta duk kiɗan jitar bes na kundin ga James Jamerson saboda shahararsa, alhali Bob Babbitt ne ya kaɗa a Mercy Mercy Me da Inner City Blues. David Van De Pitte ne ya tsara kiɗan, Eli Fontaine ne ya busa saksofon ɗin da ya buɗe waƙar farko, kuma cikin muryoyin da ake ji suna hira a farkonta akwai 'yan wasan ƙungiyar ƙwallon Amurka ta Detroit Lions biyu, Mel Farr da Lem Barney. Akwai kuma sanannen labari cewa Jamerson yana kwance a ƙasa ya kaɗa nasa ɓangaren. Labari ne mai daɗin ji, shi ya sa ma ya kamata ki tabbatar an jingina shi ga wanda ya ba da shi.

Ki kuma tambayi wane bugu marubucin ya saurara. An fara haɗa sautin kundin a Detroit, sannan aka sake haɗa shi a Los Angeles, kuma na biyun ne ya fita kasuwa a 1971, na farkon sai a bugu na musamman na 2001 jama'a suka ji shi. Idan tsawon waƙoƙin da ke muƙalar bai dace da na ainihin faifan ba, mai yiwuwa daga wani bugu na baya aka kwafo. Duk abin da kika gano ki rubuta shi dalla-dalla, jimla kaza a sashe kaza, madogararta ba ta ce haka ba. Cewa kawai muƙalar tana buƙatar gyara ba ya nuna wa marubuci inda zai sa hannu.

TAMBAYA: Malam, ko zan iya fassara baitocin waƙoƙin gaba ɗaya zuwa Hausa in sa a muƙalar, tare da hoton bangon faifan? Daga wani mai karatu a Kumasi.

AMSA: A'a, ɗan'uwa. Baitocin da hoton duka suna ƙarƙashin haƙƙin mallaka, fassara ba ta cire wannan haƙƙi, kuma rumbun hotuna na Wikimedia Commons ba ya karɓar hoton da ba a sake shi ga kowa ba. Abin da ya halatta, kuma ya fi amfanar mai karatun Hausa, shi ne ka bayyana jigon kowace waƙa da kalmominka bisa abin da masana suka rubuta. Ka ce What's Happening Brother muryar soja ce da ya dawo daga yaƙin Biyetnam ya tarar da rashin aiki da tsadar rayuwa, kuma ƙanen Gaye, Frankie, ya yi wannan yaƙi. Ka ce Mercy Mercy Me kuka ce a kan gurɓatar iska da malalar mai a teku, Inner City Blues kuma a kan talauci da haraji a unguwannin marasa galihu na biranen Amurka. Idan wani baiti ya zama dole don a fahimci sharhin wani masani, ka kawo layi ɗaya ko biyu, ka nuna inda ka samo shi.