Amsa kan zanen fola (zanen lissafi da kusurwa θ da nisa r): ka lura da inda r ya sauka ƙasa da sifili

Ƙanena da ya rubuto daga Akoka a Legas, ka tambaya me ya sa r = 3cos2θ ke fitar da ganye huɗu alhali r = 3cos3θ uku kacal yake bayarwa, da kuma daga ina ɗan madaukin cikin r = 1 + 2cosθ ya fito. Duka biyun tushensu ɗaya ne.

Ka ɗauka kana tsaye a tsakiyar shatale-tale. θ ita ce inda ka fuskanta, r kuma yawan takun da za ka yi. Idan r ya sauka ƙasa da sifili, ba ka juyawa, da baya za ka tafi.

To ɗauki 3cos2θ. A digiri 0, r = 3, ganye ya fito dama. A 45 ya koma sifili. A 90, r = −3: ka fuskanci sama amma ɗigon ya faɗi ƙasa, inda babu komai a da, sabon ganye ke nan. A 180 na hagu, a 270 na sama. Amma a 3cos3θ, a digiri 60 r = −3, ɗigon ya sauka a layin 240, kuma idan ka kai 240 ɗin r = 3 ne, wato wuri ɗaya. Zanen yana gamawa a 180, sauran zagayen maimaici ne. Shi ya sa idan lambar da ke gaban θ mara ce, ganyen daidai da ita suke, idan cika ce sai su ninka. Ita 3 ta farko tsawon ganye kawai take canzawa.

A r = a + bcosθ kuwa, kwatanta a da b. Idan a bai kai b ba, dole r ya ratsa sifili. A misalinka hakan na faruwa a 120 da 240, tsakaninsu da baya ake tafiya, har r = −1 a 180. Madaukin ke nan. Idan a = b madaukin ya tsuke ya zama tsini, siffar zuciya ta fito. Daga nan har a ya kusa ninka b, lotsawa ce kawai. Da zarar ya ninka, ta ɓace.

Inda aka fi yin ɓarna shi ne kalkuleta tana kan radiyan (wani ma'aunin kusurwa daban da digiri) kai kuma kana zuba mata digiri, ko tebur mai tazarar digiri 30, wanda ke tsallake sifilin 3cos2θ na digiri 45 gaba ɗaya. Yi amfani da 15. Fara nemo inda r = 0 da inda ya fi girma, ka zana da fensir, sannan ka buɗe manhajar zanen lissafi ta Desmos ko GeoGebra ka gwada. A ɗakin jarrabawa babu mai ba ka waya.