Yayana na gidan yari ciwon ƙoda ya kama shi, kotu za ta sake shi?

'Yar'uwa daga Daura, na ga saƙonki, Allah Ya ba yayan naki lafiya. Kin ce Babbar Kotun jiha ta yanke mishi shekara 7, ya ci 2, yanzu ƙafafu sun kumbura har silifas ba ya shiga, ranar ziyara ma sai da gandiroba ya riƙo shi, kuma wani ya ce miki ai akwai sakin talala na marasa lafiya. To bari in faɗa miki gaskiya tun kafin ku fara kashe kuɗi.

Sakin talala, wato a saki fursuna kafin wa'adinsa ya cika, yana cikin doka, amma ba ciwo ke jawo shi ba. Sashe na 468 na dokar tafiyar da shari'ar laifuka ta tarayya ta 2015 cewa ya yi sai shugaban hukumar gidajen yari ya rubuta wa kotu cewa mutum na da halin kirki, kuma ya ci kashi ɗaya cikin uku na ɗaurin da ya kai shekara 15 ko rai da rai. Babu maganar ciwo a ciki sam, ga shi yayanki 7 ce. Wannan ƙofar ku bar ta.

Abin da ya fi gaggawa asibiti ne. Dokar gidajen gyaran hali ta 2019 ta yarda a kai fursuna asibitin waje in likitan gidan ya tabbatar ciwon ya fi ƙarfinsu. Ku rubuta wa shugaban gidan a takarda, ku riƙe kwafi mai hatimi, maganar baki a bakin get ba ta zama hujja.

Sai beli kafin a gama ɗaukaka ƙara, wanda nan ne alƙali ke duba lafiya da gaske. Amma sai akwai ƙarar a gaban kotu tukuna, kuma kwana 90 ɗin da doka ta bayar sun wuce, don haka lauya zai fara roƙon ƙarin lokaci ya kawo dalilin jinkirin. Kuma ki sani wanda aka riga aka yanke wa hukunci ba kamar mai jiran shari'a ba ne, belinsa ya fi wuya nesa ba kusa ba. Alƙali ba zai tsaya kan cewa ba shi da lafiya ba, gidan yari cike yake da marasa lafiya, tambayarsa ita ce ciwon na barazana ga rai ko yana yaɗuwa, sannan hukumar da ke tsare da shi ta kasa kula da shi? A shari'ar Mohammed Abacha a 2002 Kotun Ƙoli ta nuna cewa faɗar ciwo kawai ba ta isa ba sai da hujja. Wallahi abin da ke kayar da mutanenmu ke nan, a zo da katin kemis da hoton waya, lauyan gwamnati ya miƙe ya ce ai muna da likita a ciki, shi ke nan magana ta mutu. Ku nemo rahoton likitan asibitin gwamnati, kamar Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Katsina, mai sakamakon gwajin jini, wanda ya faɗa ƙarara sau nawa yake buƙatar wankin ƙoda a sati kuma babu injin a inda yake.

Ni dai a ganina hanyar da ta fi muku kusa afuwar gwamna ce, sashe na 212 na tsarin mulki, in laifin na dokar jiha ne. Gwamna na iya yafewa ko rage wa'adi bayan ya ji shawarar kwamitin afuwa. Da laifin tarayya ne sai shugaban ƙasa a sashe na 175, ta nan tsoffin gwamnoni Dariye na Filato da Nyame na Taraba suka fita a 2022 kan tsufa da rashin lafiya. Alfarma ce, ba za ki kai gwamna ƙara don ya ƙi ba, kuma dan Allah duk wanda ya ce ki kawo kuɗi ya saka sunan a jeri ki guje shi.

Ki kai takardar roƙon ma'aikatar shari'a a Katsina, haɗe da kwafin hukunci, rahoton likitan da shaidar halinsa daga gidan yarin. In kuɗin lauya babu, ofishin Legal Aid kyauta suke yi. Ki fara da rahoton likitan cikin satin nan, ƙoda ba ta jira.